Titi Ya Ci Gona: Ina Talaka Zai Kai Afil?

Akwai wata magana da ta kama bakin mutanenmu, musamman mu 'yan boko, duk ran da aka ce za a fitar da sabon titi ko a faɗaɗa tsoho: wai ai ƙasa ta gwamnati ce. Da an faɗi haka, shi ke nan, an rufe bakin kowa. Mai gonar da aka kafa wa turke a tsakiyar geronsa ya haɗiye miyau, mai shagon da aka shafa wa jan fenti ya hau ɓamɓare kwanon rufinsa. In kuwa wani ya yi ƙarfin hali ya ce bai yarda da abin da aka ba shi ba, sai a yi masa ca, a ce maƙiyin ci-gaba ne, ko kuwa 'yan hamayya ne suka zuga shi. To, 'yan'uwana ɗalibai da malamaina, ni yau da wannan magana nake faɗa, da kuma dokar da ta ɗaure mata gindi.

Kada wani ya yi mini gurguwar fahimta. Babu ɗan ƙasar Kazaure mai hankali da zai ƙi titi. Wanda ya san abin da ake sha kafin a fito da mai naƙuda daga ƙauyukan Roni ko Gwiwa cikin marka, ko ya ga yadda tumatir ke ruɓewa a kwando don rashin mota, ba sai an yi masa wa'azin amfanin kwalta ba. A watan Janairu na 2023 aka ƙaddamar da aikin mayar da hanyar da ta tashi daga Dawanau ta bi Kazaure da Daura har Kwangwalam ta zama tagwaye, kilomita 132, a kan naira biliyan 116, aka ce kamfanin BUA zai yi a madadin harajin da gwamnati ke binsa. Kafin wannan, a Fabrairun 2021, an aza harsashin layin dogo daga Kano zuwa Maraɗi, wanda aka shata ya ratsa Ɗambatta da Kazaure da Daura da Katsina da Jibiya. Mun yi murna, kuma murnarmu tana da dalili.

Amma fa ba a rataye titi a sararin sama. A ƙasa ake shimfiɗa shi, ƙasar nan kuwa da masu ita. Ma'aikatar Ayyuka ta Tarayya tana ɗaukar mita 45.72, watau ƙafa 150, daga tsakiyar babbar hanya zuwa kowane gefe a matsayin haramin titi. Mai karatu ya buga lissafi da kansa: kowace kilomita ɗaya ta sabon titi irin wannan tana lashe sama da hekta 9, wajen eka 22 ke nan. A ƙasar da gado ya yayyanka gandu har ya koma gayauna-gayauna, wannan abincin gidaje nawa ne? Ko da a ce an biya kowa har kwabonsa na ƙarshe a waɗannan ayyuka, tambayata tana nan daram, domin gobe ma za a yi wani titin, a Babura ko a 'Yankwashi. Tambayar ita ce: idan mutum ya ce kuɗin da aka yanka masa bai kai ba, ko ma ba a sa sunansa ba, ko an ba wani abin da yake nasa, wa zai kai wa kuka? In wanda ya kai wa bai share masa hawaye ba, ina zai ɗaukaka ƙara?

Bari mu buɗe dokar mu gani. A ranar 29 ga Maris, 1978, gwamnatin soja ta Janar Obasanjo ta kafa Dokar Amfani da Ƙasa, doka ta 6 ta wannan shekara. Sashenta na farko ya damƙa dukkan ƙasar da ke cikin jiha a hannun Gwamna. Nan masu cewa ƙasa ta gwamnati ce suke tsayawa, su rufe littafi. Da sun ƙarasa layin da sun ga cewa amana aka ba shi, ya riƙe don amfanin jama'a. Tun yaushe mai riƙon amana ya zama mai dukiya? Haka kuma sashe na 36 ya amince da manomin karkara da dokar ta tarar yana noma gonarsa, ya ɗauke shi tamkar wanda ƙaramar hukuma ta ba izinin zama na gargajiya, ko da bai taɓa riƙe takarda ba. Ashe ke nan manomin Gwiwa da ba shi da satifiket yana da haƙƙi a idon doka. Sai dai wa ya taɓa gaya masa?

Sashe na 28 ya ba Gwamna ikon soke wannan haƙƙi idan bukatar jama'a ta taso, titi kuwa yana ciki. Ban da ja a nan. Jayayyata tana farawa daga sashe na 29, inda aka faɗi abin da za a biya. A saurara da kyau. Ita ƙasar kanta, abin da za a ba ka a kanta shi ne daidai kuɗin hayar da ka biya gwamnati a shekarar da aka karɓe ta, in har ka biya wani abu. Manomin da ya gaji gona kaka da kakanni hayar me yake biya? Babu. Saboda haka farashin gonarsa a idon wannan doka sifiri ne. Abin da ake biya shi ne abin da ke bisa ƙasar: gini, bayan an cire kuɗin tsufansa, da itatuwa, da shukar da aka tarar a tsaye. Dokar ma ta fito fili a sashen fassarar kalmomi ta ce aikin noma na yau da kullum ba ya cikin lissafi, in ban da amfanin da ke tsaye. Watau takin da mutum ya yi shekara arba'in yana kai wa gona a kan jaki, mangala bayan mangala, har jigawa ta koma baƙar ƙasa, wannan duk ya bi iska. Kuma a ƙasar da damina wata huɗu ce, idan ma'aikatan ƙiyasi suka zo a watan Maris, me za su tarar a gonar gero? Kara da ƙura. Sai su rubuta kuka ɗaya, ɗorawa biyu, gawo uku, su wuce.

Su ma itatuwan, wa ke yanka musu farashi? Babban jami'in filaye na jiha, ma'aikacin wanda ya karɓi gonar. Jadawalin farashin da aka yi ta dogara da shi a ƙasar nan tun 2008 aka tsara shi, aka bar shi yana barci naira tana zubewa, sai a 2024 Ma'aikatar Gidaje ta Tarayya ta fito da sabo. A sabon nan, bishiyar mangwaro da ta isa haihuwa a shiyyar Arewa ta Tsakiya ta tashi daga naira 4,000 zuwa naira 105,000. Jama'a, wannan gyara abin yabo ne, amma kuma shaida ce da gwamnati ta bayar a kan kanta. Duk wanda aka sare wa mangwaro a shekarun da ke tsakani, aka miƙa masa kuɗin da bai kai na kwandon 'ya'yanta biyu ba, ya ce an cuce shi, aka ce masa maƙiyin ci-gaba, ashe shi ne mai gaskiya.

To, ya ce bai yarda ba. Sai ina? Sashe na 30 ya ce a kai gardamar yawan diyya gaban Kwamitin Amfani da Rabon Ƙasa. Wa ke naɗa 'yan kwamitin? Gwamna. Wa ke ƙayyade yawansu? Gwamna. Wa ke zaɓen shugabansu? Gwamna. Dokar ta wajabta a sa masana ƙiyasin filaye aƙalla biyu da lauya ɗaya, amma ba ta wajabta a sa manomi ko guda ba. Wanda ya karɓi gonarka, yaronsa ya yi mata kuɗi, 'yan kwamitinsa kuma su saurari ƙorafinka. Ko a tatsuniya, in kura ta zama alƙali akuya ba ta kai ƙara. Sa'an nan, don kada akuyar ta yi tunanin tsallakewa zuwa wani wurin, sai sashe na 47, ƙaramin sashe na 2, ya ja ƙofa ya sa sakata: ya hana kowace kotu bincika yawan diyya ko isarta.

Wani zai ce ai wannan aikin soja ne. Haka ne, amma a Arewa soja tarar da abin suka yi. Tun 1910, bayan kwamitin da ya zauna a Landan a 1908 kan ƙasar Nijeriya ta Arewa, Turawan mulkin mallaka suka shelanta cewa ƙasa duka tana ƙarƙashin ikon Gwamna. Suka sabunta dokar a 1916, gwamnatin Jihar Arewa ta sake mata riga a 1962, soja kuma suka ɗauki samfurin suka shimfiɗa wa ƙasa baki ɗaya a 1978. Abin da ya fi ba ni takaici shi ne yadda aka cusa wa mutanenmu cewa wai haka al'adarmu take, talaka ba ya mallakar ƙasa. Ƙarya ce. Bahaushe ya san gado, ya san saye, ya san aro da jingina da kyauta da saran daji, kowanne da hukuncinsa, kuma Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya wallafa littafi sukutum, Ta'alimur Radi, a kan hanyoyin da mutum ke keɓanta da ƙasa. Harshen da ke da waɗannan kalmomi ba harshen mutanen da ba su san mallaka ba ne.

Kuma tun da mun taɓo malamai, bari in tuna mana wani labari da masu tarihin Musulunci suka ruwaito. Sayyidina Umar, yana Halifa, ya so faɗaɗa masallacin Madina, gidan Abbas ɗan Abdulmuɗɗalibi kuwa yana kan hanya. Ya nemi ya saya, Abbas ya ƙi. Me Halifa ya yi? Bai aika a rushe ba, bai kuma naɗa yaransa su yanke hukunci ba. Suka tafi tare gaban Ubayyu ɗan Ka'abu, Ubayyu ya ba Abbas gaskiya, Halifa ya haƙura, daga baya Abbas ya bayar da gidan don kansa. Masallacin Annabi ke nan fa, ba kwalbati ba. Malamai sun halatta karɓar fili don maslahar jama'a in an biya ƙimarsa, wannan sananne ne. Abin lura a labarin shi ne mai mulki ya yarda wani wanda ba ya ƙarƙashin umurninsa a wannan magana ya raba shi da talakansa.

Yanzu malamanmu na sashen shari'a za su ɗaga hannu su ce: yaro, ba ka karanta ka ƙare ba. Za su ce sashe na 44 na Tsarin Mulkin 1999, wanda shi ne sashe na 40 a na 1979, ya hana karɓar dukiyar mutum da ƙarfi sai da biyan diyya cikin gaggawa, kuma ya ba shi damar zuwa kotu ko wata hukuma mai hurumi a tantance haƙƙinsa da yawan abin da za a ba shi. Za su ce Kotun Ƙoli, a shari'ar Nkwocha da Gwamnan Anambra a 1984, ta bayyana cewa Dokar Amfani da Ƙasa ba ɓangaren Tsarin Mulki ba ce, kariya kawai aka ba ta. Za su ce a 1986, a shari'ar Kanada da Gwamnan Jihar Kaduna, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce wancan sashe mai sakata ya ci karo da Tsarin Mulki, don haka ba shi da ƙarfin hana mutum zuwa kotu. Za su ƙara da shari'ar Osho ta 1991, inda Kotun Ƙoli ta nuna cewa soke haƙƙin mutum ba bisa ƙa'idar sanarwa da manufar da doka ta shimfiɗa ba aikin banza ne. Duk na yarda, kuma na gode wa alƙalan da suka yi wannan ƙoƙari. Amma ina roƙon malamaina su amsa mini abu guda. Waɗannan hukunce-hukunce a ina suke? Suna cikin kundayen rahoton shari'a, da Turancin da ko mu da muke jami'a sai mun buɗe ƙamus. Shi kuwa sashe na 47 yana nan a cikin dokar, ba a goge ko wasali ba, kuma shi ma'aikaci zai nuna wa mai gona. An cire sakata a Kaduna tun 1986, amma har yau ba a aiko wanda zai gaya wa na cikin ɗakin cewa ƙofa a buɗe take ba.

Mu ɗauka ya ji labari, ya sayar da ɗan bijiminsa, ya ɗauki lauya. Wahala ta farko ita ce gane ƙofar da zai shiga. Titi na Tarayya ne, ƙasa a hannun Gwamna take, ɗan kwangila kamfani ne, ƙiyasi kuma wataƙila wani kamfanin dabam aka ba. Sashe na 28 ya ce idan Gwamnatin Tarayya ta nemi fili, Gwamna ne zai soke haƙƙin mai shi. To, wa za a kai ƙara? Idan lauyansa ya ga sunan ma'aikatar Tarayya ya nufi Babbar Kotun Tarayya, sai a tuna masa cewa Kotun Ƙoli ta ce a shari'ar Adetayo da Ademola, a 2010, wannan kotu ba ta da hurumin rikicin ƙasa. Idan ya nufi Babbar Kotun Jiha, lauyan gwamnati zai miƙe ya ce an makara, dokar kare ma'aikata ta ba da wata 3 kacal. Kotuna sun sha faɗin cewa wannan doka ba ta shafi ƙarar ƙwato ƙasa ba, amma kafin a gama wannan gardama kaɗai damina biyu ta wuce, ba a ko taɓa maganar gonar ba.

Akwai wani tarkon da ya fi kama mutanenmu, shi ne na rikicin da diyya ke haddasawa tsakanin talaka da talaka. Gona tana hannun mai jingina shekara ashirin, ba wanda ya tanka. Ran da aka ji za a biya kuɗi, sai 'ya'yan mai ita su taso. Ko kuwa wa ya karɓa ya hana ƙannensa mata. Irin wannan ƙara kotun shari'ar Musulunci ta gari ake kai ta, kuma nan ne kaɗai talaka ke jin abin da ake faɗa, don da Hausa ake yi. Wanda aka kayar, hankalinsa zai ba shi cewa afil ɗinsa zai ƙare a Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'ar Musulunci. Ina! Tsarin Mulki ya taƙaita hurumin wannan kotu ga al'amuran aure da riƙon yara da gado da wasiyya da waƙafi da kyauta, kuma a shari'ar Magaji da Matari, a 2000, Kotun Ƙoli ta tabbatar cewa gardamar mallakar gona zalla ba tata ba ce. Sai mutum ya yi shekaru yana bin layi, ya ci nasara, a je sama a rushe kome don an bi ta ƙofar da ba ita ba, a ce ya koma ya faro. Shi a ganinsa duk shari'ar gona ce. Wa ya zauna ya bambance masa gonar gado da gonar jingina a ma'aunin hurumi?

Ga kuma nisa. Mutumin Roni ko Gwiwa in zai je Dutse, hedkwatar jiharsa tun 1991, sau da yawa sai ya ratsa ta Kano. Shekara da shekaru afil ɗin ƙasar nan Kaduna ake kai shi kafin a buɗe reshen kotun a Kano, daga nan kuma sai Abuja. Kowane zama kuɗin mota, kuɗin lauya, kuɗin buga takardu, a je a ce an ɗaga. Wanda ke ganin ina ƙara gishiri ya nemi labarin shari'ar Ariori da Elemo, rikicin fili a Ikko: an shigar da ita a 1960, ta isa Kotun Ƙoli aka yanke a 1983, hukuncin kuwa shi ne a koma a sake ta daga farko. Katafila ba ta jiran ko ɗaya daga cikin wannan. Kafin a kira ƙara karo na uku an sare ɗorawar, an binne rijiyar, an malala kwalta, shaidar da zai nuna wa alƙali tana ƙarƙashin tayar tirela. Idan Allah ya yi masa tsawon rai ya yi nasara, sai ya tarar da sashe na 84 na dokar zartar da hukuncin kotu, wanda ya ce kafin a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai da yardar Antoni-Janar, watau babban lauyan wanda ya kayar. Haba jama'a!

Masu cewa a yi haƙuri, su tuna Bakolori. Da aka gina dam a ƙasar Talatar Mafara, manoma sun yi ta kai kukan diyya da rabon gonaki, ba su sami inda za a saurare su ba, har suka tare hanyoyin aikin. A watan Afrilu na 1980 aka tura musu 'yan sandan kwantar da tarzoma. Hukuma ta ce mutum ashirin da 'yan kai suka mutu, mutanen wurin suka ce ɗaruruwa ne. Waɗannan bayin Allah ba ruwan ban-ruwa suka ƙi ba. An toshe musu duk wata ƙofar ƙara, sai suka buɗe wadda ta rage. Ba na yi wa ƙasarmu fatan ko inuwar wannan, shi ya sa nake magana tun ana zaune lafiya.

Kuma kada a ce haka duniya take. Layin dogon nan da ya ratsa Kazaure, in ya tsallaka iyaka ya nufi Maraɗi, ya shiga ƙasar da dokarta ta 1961, wadda aka gyara a 2008, ta shimfiɗa cewa a biya diyya ta adalci kafin a karɓi fili, in ba a daidaita ba alƙali ne zai yanka kuɗin. Ban ce a Nijar ba a cutar talaka ba, amma ko ba kome a takarda an raba mai karɓa da mai hukunci. Indiya, wadda ita ma ta gaji dokar Ingilishi, ta yar da tata ta 1894 a shekarar 2013, ta kafa sabuwa da ke biyan manomin karkara har ninki huɗu na kuɗin kasuwar gonarsa. A nan gida ma, da aka tashi rushe-rushen titin gaɓar teku daga Ikko zuwa Kalaba a 2024, masu otal da manyan gidaje sun yi ta magana a talabijin da jaridu, cikin 'yan kwanaki Ministan Ayyuka ya fito ya ba da sanarwar fara biyan naira biliyan 2.75. Ban yi musu hassada ba, haƙƙinsu ne. Sai dai na lura cewa afil ɗin da ya fi saurin ci a ƙasar nan shi ne wanda aka shigar a gaban kyamara da Turanci.

Laifin wa? Na 'yan majalisa ne da farko. An ɗaure dokar a sashe na 315 na Tsarin Mulki, ba ta gyaruwa sai da kashi biyu cikin uku na Majalisar Tarayya da amincewar majalisun jihohi 24. Marigayi Umaru Musa 'Yar'aduwa ya gwada a 2009, ya kafa kwamitin gyaran harkar ƙasa a ƙarƙashin Farfesa Akin Mabogunje, ya aika wa majalisa ƙudurin gyara, abin ya bi ruwa. An yi wa Tsarin Mulkin nan kwaskwarima sau da dama tun daga lokacin, har an rage shekarun tsayawa takara, amma ba a sami ranar goge layi biyu na sashe na 47 ba. Dalili a fili yake: babu Gwamnan da zai so a rage masa wannan iko, majalisun jihohi kuwa kowa ya san inda suke kallo kafin su ɗaga hannu. Masu unguwanni da dagatai da hakimai su ma suna da nasu kason, don su ne ake kira su nuna gonar wane ce wannan, kuma a bakinsu talaka ke fara jin kalmar haƙuri. Akwai na kirki a cikinsu da ke tsayawa tsayin daka, amma wanda albashinsa ke fitowa daga hukuma, iyakar tsayuwarsa sananniya ce.

Sa'an nan mu. I, mu ɗaliban Hausa da malamanmu. Muna nan muna tsefe gaɓar kalma da karin sauti, muna gardamar ko baƙin kaza ɗan hanɗa ne ko ɗan ganɗa, duk ilmi ne, ban raina ba. Amma dokar da ta fi kowace doka shafar cikin Bahaushe ta shekara arba'in da ɗoriya, ɗalibi nawa ne a cikinmu ya taɓa zama ya juya ko sashe ɗaya nata zuwa harshen da uwarsa ke ji? Ƙauye ya yi karo-karo ya turo mu, mun koma muna tafe da jakar takardu muna maimaita wa iyayenmu cewa ƙasa ta gwamnati ce.

Abin da nake nema ba gagara-badau ba ne, kuma mafi yawansa Majalisar Dokokin Jigawa da Gwamna za su iya yi ba tare da jiran Abuja ba. Kada katafila ta shiga gonar kowa sai kuɗinsa ya shiga hannunsa, in kuwa akwai gardama a ajiye kuɗin a kotu. A manna jerin sunaye da abin da aka ƙirga wa kowa da farashin kowace bishiya a ƙofar dagaci da masallacin Juma'a, da Hausar boko da ajami, a ba mutane kwanaki su duba, domin sunan bogi ba ya son rana. A sa alƙalin Babbar Kotu, wanda ba ɗan kwamitin Gwamna ba, ya zo ya zauna a Kazaure lokacin da ake aikin, ya saurari ƙorafi da Hausa, ya taka zuwa gonar tun bishiyar tana tsaye, ya yanke cikin wata uku. Idan an iya kafa kotun zaɓe mai wa'adin kwana 180 don kujerar mutum ɗaya, ban ga abin da zai hana a yi wa gonakin mutum dubu irinta ba. Kuma a riƙa ba manomi gona a madadin gona. Wannan ma ba baƙon abu ba ne, sashe na 6 na dokar ya riga ya ɗora wa ƙaramar hukuma wannan nauyi idan ita ta karɓi gonar noma, sai dai a faɗaɗa shi ya hau kan jiha. Kuɗin diyya kan ƙare kafin kaka ta zagayo, mai iyali kuwa baɗi ma sai ya ci tuwo.

Namu aikin kuma ba ya bukatar izinin kowa. Ina ba wannan ƙungiya shawara ta ɗauki sashe na 6 da 28 da 29 da 30 da 44 da 47 na Dokar Amfani da Ƙasa, da sashe na 44 na Tsarin Mulki, da taƙaitaccen bayanin hukuncin Kanada, mu fassara su, malaman shari'a su duba mana, mu buga a 'yar takarda mai shafi huɗu. Hutu mai zuwa kowa ya ɗauki nasa, 'yan Kazaure da Roni da Gwiwa da 'Yankwashi da Babura, a karanta a dandali da bakin kasuwa. A shafin ƙarshe mu rubuta wa manomi abin da zai yi ran da ya ga safiyo a gonarsa: ya kira shaidu biyu su ƙirga itatuwa da rijiya da shinge tare da shi, ya sa yaro ya ɗauki hoto da waya, ya nemi a ba shi sanarwa a rubuce ya adana ta, kada ya dangwala yatsa a takardar da ba a karanta masa ba, in an jinkirta biyan kuɗin gininsa ya sani doka ta ce a ƙara masa wani abu a kan jinkirin, in kuma zai kai ƙara su haɗu su da yawa su ɗauki lauya ɗaya, kada su bari wata 3 ya cika.